Almakashin Mama Gerda

Daren Laraba, Catford

Innalillahi. Ni na bar almakashi a kan tebur bayan na yanka bandeji, alhali agency ɗin da suka ɗauke mu aiki sun sha ja mana kunne kan barin abu mai kaifi.

Na shiga kicin in haɗa wa Mama Gerda shayi, tsohuwar Bajamushiyar da nake kula da ita. Ko da na dawo, ta baje hotunan gidansu a cinya. Hannun da ko cokali ba ya iya riƙewa, yau ko rawa ba ya yi. Sai ta ɗaga hoto saitin taga, ta ƙanƙance ido, ta datsa. Mutum ɗaya take cirewa a kowane hoto: mahaifinta.

Na ce, "Mama, me kike yi haka?"

Ta ce ai sana'arta ke nan a Jamus bayan yaƙin duniya na biyu, haɗa fim da almakashi da gam. Aikin farko da aka ba ta tana budurwa, ta bi tsofaffin finafinai ta yanke duk mai kakin soja don a sake haska su. Ta ce, "Na cire su kaf. Wannan ne kawai ya kuɓuce mini."

Matar da ko sunana ba ta riƙewa!

Gobe 'yarta za ta zo, ƙila ta yi reporting ɗina. Guntayen hotunan suna jakata, na kasa zuba su a shara. Ɗazu na duba ɗaya. Ba ma kaki a jikinsa, dariya yake, ya ɗora Mama Gerda a wuya tana ƙarama. Har da ƙafafunta biyu ta yanke, ga su suna reto a ƙirjinsa.