Kujera Ɗaya, Mu Biyu

Zuwa ga Yayana abin alfaharina,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai tarin yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Anti da yara baki ɗaya. Yaya jikin Inna? Allah ya ƙara mata sauƙi, ya sa ciwon gwiwar nan ya zame mata kaffara. Mu ma nan lafiya lau muke, sai godiya. Baban yara yana nan yana fama da shuke-shukensa a bayan gida tun da ya ajiye alli. Har yau tumatir ɗin bai ba shi ko cikin hannu ba, amma in ka ji shi yana bayani sai ka rantse babbar gona gare shi. Babba ta gama jarrabawa tana jiran sakamako, Auta kuwa ya yi tsawo har ya kere wa ubansa, murya ta fashe, in ya yi sallama sai in ɗauka baƙo muka yi.

Yaya, saƙonka ya iso, na karanta na sake karantawa. Na ga Gwaggo ta shaida maka cewa an sallame ni daga aiki, kai kuma ka ce tunda Allah ya kawo hutu, in tattara in dawo kusa da ku, in karɓi Anti wajen kula da Inna. Ka san dai Gwaggo, labari in ya shiga bakinta da ƙafa biyu, da huɗu yake fitowa. Ba a sallame ni ba, amma ruwa ba ya tsami banza, an kusa. Shi ya sa na zauna in rubuta maka da hannuna, domin a waya ba ka bari in kai ƙarshen magana.

Kai ne shaida a kan inda na faro, tunda kai ka tsaya mini wajen Baba, Allah ya ji ƙansa, har ya yarda na karanci injiniya. Ka tuna kamfanin wayar nan da ya fara ɗaukata, inda aka ajiye ni a ɗakin manyan na'urori, ba taga, ga sanyi kamar cikin firji, ina yawo da rigar sanyinka da ta yi mini yawa. A can na koyi aiki da yatsuna, daga ja da waya a ƙarƙashin tebur har aka ba ni sashe. A can ne kuma aka kawo mini wani sabon injiniya da muke kira Dogo, mai kaifin ƙwaƙwalwa da gajen haƙuri. Ni na zauna da shi na koya masa cewa ba a taɓa na'urar da mutane ke amfani da ita sai an san hanyar komawa baya. Riƙe sunansa, Yaya, zai sake fitowa.

Daga nan banki suka neme ni. A can na san cewa aikinmu ba na waya da ƙarfe ba ne kawai. Shugabannin lokacin suka matsa a sauya babbar manhajar banki cikin gaggawa, don su samu abin faɗa a taron masu hannun jari. Muka ce ba a fafe gora ranar tafiya, aka ce mu dai yi. Ranar da aka kunna sabon tsarin, katunan cirar kuɗi suka daina aiki. Na sauko ƙasa da safe na tsaya a zauren banki, na ga wata mata riƙe da takardar asibiti tana roƙon mai karɓar kuɗi, shi kuma yana kallon allon da ya ƙi motsi. Mun gyara, har daga baya aka ɗora ni a kan sashen gaba ɗaya, amma fuskar matar nan ba ta taɓa barina ba. Bayan banki sai wannan kamfanin jigilar kaya, inda aka ba ni shugabancin fasaha dungurungum. Na tarar ana bin manyan motoci da kiran waya da alli a jikin allo. Ni da mutanena muka gina tsarin da yau yake nuna inda kowace mota take, da abin da ta ɗauko, da wanda zai karɓa. Shekara da shekaru muna renonsa kamar ɗa.

To, bara wani kamfani da ya fi mu girma ya saye mu, aka haɗe mu wuri guda. Gida ɗaya ba ya ɗaukar shugaban fasaha biyu, kuma da aka turo sunan nasu, sai na ga Dogo ne. Sabon shugaban kamfani ya kira ni ofishinsa a hawa na sama, ya sa aka kawo shayi, ya yi ta yabona har na fara jin tsoro. Ƙarshen zancen dai, ya ce sun tanadar mini muƙamin mai ba da shawara, da ofis mai kyau da mota, ba ma'aikaci ko ɗaya a ƙarƙashina, ba kuma abin da zan sa wa hannu. Ya ce a shekaruna na cancanci in huta. Na gode masa, na ce ban gaji ba tukuna, in kuma kujerar ɗaya ce, a bar ni da Dogo kowa ya kawo shirinsa gaban daraktoci, wanda suka zaɓa shi ke nan. Ya juya cokali a kofi, sannan ya ce in na faɗi a can, tayin yau ba zai jira ni ba. Na ce na ji. Wannan ne ya iso kunnen Gwaggo a matsayin sallama.

Da na dawo gida na faɗa wa Baban yara, bai ce na yi daidai ba, bai ce na yi kuskure ba. Ya dai tambaye ni ko kujerar nake so, ko kuwa tsarin da na gina nake karewa, domin a ganinsa ba abu ɗaya ba ne. Maganar ta ba ni haushi, na tashi na bar masa falon. Amma washegari na nemi a buɗe mini tsarin su Dogo in duba da idona. Na yi makonni ina zuwa rumbunan ajiyar kayansu, ina zama kusa da masu loda kaya, ina kallon yadda suke danna waya da safar hannu. Yaya, gani ya kori ji. Nasu ya fi namu sauri, ya fi namu sauƙin gyara, kuma zai ɗauki girman da namu ba zai ɗauka ba. Wuri ɗaya kawai muka fi su, wato bin motoci a hanyoyin da sabis ke ɗaukewa. Ranar da na tabbatar da haka na zauna a mota a wurin ajiye motoci na daɗe ban tayar ba.

Ranar taron daraktoci, Dogo ne ya fara. Ya yi bayani mai kyau, har na ji alfahari ya kama ni duk da cewa wuyana yake nema. Shirinsa shi ne a kashe namu a mayar da komai kan nasu cikin 'yan watanni. Da aka zo kaina, kowa ya gyara zama yana jiran in kare abina. Sai na ce musu Dogo ya yi gaskiya, tsarinsu ya fi, a kashe namu. Na ce inda muka saɓa shi ne gaggawa, na zayyana musu abin da za a fara cirewa, da abin da za a bari sai ƙarshe, da yadda za a koma baya in abu ya ƙi. Wata dattijuwa mai tabarau daga cikin daraktocin ta dube ni ta ce, in dai na yarda nasa ya fi, me zai sa su ba ni kujerar? Na ce mata: “Ranki ya daɗe, gini ya iya, ni na koya masa. Rushewa ce bai taɓa yi ba. Ni na gina gidan nan, na san bangon da in aka fara taɓawa rufin zai faɗo a kan mutane, kuma na taɓa tsayawa a gaban waɗanda ya faɗo wa.” Ta cire tabarau ta rubuta wani abu.

Bayan 'yan kwanaki aka kira ni. Sun ba ni kujerar na shekara biyu, Dogo ya zama mataimakina, in an gama haɗe tsarin a sake duba lamarin. Kafin in amsa na kafa sharaɗi ɗaya, cewa ba za a sallami ko mutum ɗaya daga cikin mutanena ba sai an horar da shi a kan sabon tsarin an gwada shi. Shugaban ya ja, na ja, a ƙarshe aka sa a rubuce. Duk da haka, tara mutanen nawa da na yi in faɗa musu cewa abin da muka gina za a kashe shi, kuma ni ce na ba da shawarar, ya fi mini taron daraktoci wuya. Wata da muka faro tare ta yi hawaye, wani ya ce ashe sayar da su na yi na sayi kujera. Ban yi fushi ba. Na ce masa ya ba ni lokaci, aiki ne zai ba shi amsa ba bakina ba.

Dogo kuwa ya ƙi ɗaga wayata, sai ji na yi wani kamfani ya riga ya yi masa tayi. Zuwa da kai ya fi aike, na hau har ofishinsa. Na same shi a tsaye bakin taga, ga kwalayen kayan da ya taso da su daga tsohon ofishinsa ko buɗewa bai yi ba. Bai ce in zauna ba. Ya ce: “Malama, kin koya mini aiki, yau kuma kin koya mini shan kaye a gaban mutane.” Na ce masa ban zo ba shi haƙuri ba, domin ban zalunce shi ba. Na zo ne in gaya masa ina buƙatarsa, tsarin nasa ne, ba wanda ya san cikinsa kamar shi, kuma in ya tsaya muka yi wannan rushewar tare, nan gaba ba wani darakta da zai iya ce masa bai taɓa yi ba. Ya ce zai yi tunani. Na fito ban san inda ya dosa ba. Farkon makon nan sai ga shi a ƙofata da kwamfutarsa a hammata, ko gaisuwar kirki babu, yana cewa jadawalina yana da kuskure a wajen rumbunan ajiya. Na duba, da gaskiyarsa. Muka ja kujeru muka fara aiki, har yanzu dai bai yi mini dariya ba, amma kwalayen nan an buɗe su.

Yanzu ga abin da ya fi damuna, wato maganar Inna. Yaya, ba zan ɓoye maka ba, ba zan iya ajiye aikin nan in taho ba. Mutane sun dogara da alkawarin da na ɗaukar musu, in na juya baya takardar sharaɗin nan ba za ta kare kowa ba. Amma ka yi gaskiya, Anti ta ɗauki nauyin da ba nata kaɗai ba ne, ta yi mana abin da ko 'yar cikin Inna sai haka, ga nata ciwon bayan tana ɓoyewa. Ban yarda in ci gaba da aiko gaisuwa da magani ina kiran kaina 'ya ba. Saboda haka ni da Baban yara mun yanke shawara Inna ta dawo wurinmu. Mun kwashe littattafansa daga ɗakin ƙasa, wanda ba sai an hau bene ba, an sa ƙarfen riƙewa a banɗaki, an sauya katifa. Asibitin ƙashi yana kusa da mu, na riga na yi magana da likita. Baban yara yana gida kullum, ya ce dama yana neman wanda zai riƙa sauraron labarin tumatir ɗinsa. Ni kuma na faɗa wa ofis, tun kafin in sa hannu, cewa ranar ganin likitan Inna ba ni ba taro, ko da daraktoci ne.

Na san za ka ce Inna ba za ta yarda ta bar ɗakinta da maƙwabtanta ba, kuma na san za ka ji kamar ana cewa ka gaza. Wallahi ba ka gaza ba, ka yi naka har ka yi nawa, yanzu layi ya zo kaina. Ina tafe ƙarshen watan nan in Allah ya yarda. Roƙona ɗaya, kada ka faɗa mata komai, kada kuma ka bari Gwaggo ta ji, ka bar ni in gaya mata da bakina. In ta ce ba za ta taho ba, zan shimfiɗa tabarma a gabanta in zauna har sai ta gaji da ganina. Ta san wadda ta haifa.

Ka gaishe mini da Inna, ka ce ina neman albarkarta. Ka gaida Anti da kyau, ka ce mata Allah ne kaɗai zai biya ta. Ina gaida Gwaggo duk da ta kore ni daga aiki, da Kawu, da su Gambo da 'yan biyu. Baban yara da Babba da Auta duk suna miƙa gaisuwa. Allah ya bar zumunci, ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Taka ƙanwa har kullum,
Ƙarama