Miyar Mijin Mama Renate

Yaya Saudatu,

Bayan gaisuwa, ya jikin Inna? Ni lafiya lau, council, hukumar garin nan, ce dai ta rage mana aiki. Kada Inna ta ji.

Jiya Mama Renate, tsohuwar da nake jinya a unguwar Longsight, ta nuna min fim ɗin tarihin ƙasarsu, Jamus ta Gabas, zamanin gurguzu. Ga ta da ƙuruciyarta a coci, sun kunna kyandir suna roƙon zaman lafiya, gwamnati na kama su. Ta nuna mijinta a gefenta, ta ce ashe shi ke kai wa gwamnati rahotonta.

Na ja masa Allah ya isa. Sai ta ce, “Yana Birmingham, ya makance. Ran Lahadi ki raka ni mu kai masa miya.”

Yaya, in mun je, gaishe shi zan yi?

Ƙanwarki,
Murja