Randar da Baba Ya Liƙe

Yaya Gocha,

Gaisuwa daga Italiya. Yaya ƙafar Mama? Kun gama tsinkar inabi? Ni lafiya lau. Tsohuwar da nake jinya ta daina jifana da cokali, saura zagi, shi ma rabinsa nake ganewa.

Maƙwabciyarmu Tsiala ta turo mini hoto. Ga ka tsugune a ɗakin giya, baƙin nan masu yawon ɗanɗana giya sun kewaye ka da kofuna, ka fasa yumɓun bakin randar kusurwa. Haba Gocha! Randa goma sha ɗaya cike da giyar inabi ke binne a ƙasa a gidanmu. Ka rasa wadda za ka buɗe sai wadda Baba ya cika ranar haihuwata, ya liƙe da hannunsa, ya ce sai ranar aurena?

Wai har dariya ka yi, ka ce musu, "Mai ita ta haura arba'in, wa zai ɗauka?" Suka tafa maka.

Shekara tara ina wanke uwar wasu don kada a sayar da gonar inabinmu.

Ka saya wa Mama safa mai kauri. Allah ya raya yara.

Da bazara zan kawo muku wanda ya ɗauka. Sunansa Levan. Sai ka nemo abin da za ka zuba masa.

Ƙanwarka,
Mzia