Launin Gashin Traudel

Husum, 9 ga Oktoba, 1994

Zuwa ga matata Traudel,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, kuma gwiwar nan ta yi sauƙi. Ni dai ga ni nan, sai gajiya. Kwana goma sha tara muna bakin teku muna ɗaukar fim ɗin talabijin, kullum kifi da dankali, kullum iska. Shekara talatin da shida idona na dama yana manne da kyamara, Traudel, na gaji har cikin ƙashi.

Akwai abin da ban faɗa wa kowa ba. Ko'ina na duba sai in ga ya yi rawaya, kamar tsohuwar jarida, don haka nake ta ƙara shuɗin gilashi a gaban fitilu. Jiya fim ya dawo daga masu wanke hoto a Hamburg. Vossberg, daraktanmu, ya buga kafaɗata ya ce, “Tsohon ƙwaro! Wannan shuɗi mai sa mutum rawar ɗari, daga ina ka samo shi?” Na yi dariya kawai. Ni ban ga wani shuɗi ba. In suka gane, aikina ya ƙare.

Mijinki,
Ekkehard

Husum, 23 ga Oktoba

Traudel,

Ina gaishe ki, yaya sanyin Kassel? Na samu wasiƙarki, faɗan ma ya iso lafiya. Na bi maganarki na ga likita. Ya ce yanar ido ce ke sa nake ganin komai rawaya, ta yi shekaru tana taruwa. Za a cire ta ranar bakwai ga Nuwamba a Hamburg. Vossberg har yanzu yana yi wa 'yan jarida surutu a kan “sabon salona”. Na bar shi, ba ni da ƙarfin musu.

Naki,
Ekkehard

Hamburg, 10 ga Nuwamba

Traudel tawa,

Ina fata kin isa gida lafiya, jirgin ƙasa bai wahalar da ke ba. Idon ya buɗe. Likita ya ce zan iya ƙara shekara goma a bakin aiki, Vossberg kuma har ya aiko da labarin sabon fim.

Kin tambaye ni me ya sa na yi shiru da aka cire bandejin. Na kasa faɗa miki ne a gaban mutane. Ke na fara gani, kina tsaye a bakin taga da jakarki. Ashe gashinki ya yi fari fat. Duk shekarun nan ina ganinsa ruwan zuma, kamar ranar aurenmu, har yaba shi nake yi duk sanda na leƙo gida kwana biyu, ke kuma ki yi murmushi ki ƙyale ni. Ni da ake biya don in ga haske, ban san shekarar da kika yi furfura ba. Wannan ya yi mini ciwo ƙwarai.

Na mayar wa Vossberg takardunsa. Ina nan tafe ranar Asabar, jirgin ƙarfe huɗu. Don Allah kada ki sa hula.

Mijinki,
Ekkehard