Rabin Fuskar Inna

Kura, Jihar Kano
Maris, 2005

Zuwa ga ƙanena Zaharaddini,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Ruƙayyatu da yara, ya kuma tsare ku a can Fatakwal. Mu nan sai dai a ce da sauƙi. Tumatur ya yi kwantai bana, kwanduna na ta ruɓewa a bakin titin Zariya, maigidana Hamma ma ya bar rabin nasa a gona don ba mai ɗauka. Ni kuwa ina nan da turara shinkafa, hayaƙi ya kusa gamawa da idanuna.

Saƙonka ya iso cewa 'yarka Uwa ta dame ka sai ta ga fuskar kakar da ta ci sunanta, in karɓo maka hoton Inna wurin Yaya Sammani. Na yi jinkirin amsa ne don na rasa ta inda zan fara. Ka san hoton Inna ɗaya ne tak a duniya, wanda Yaya ya ɗauka ranar da Alhaji Tambaya mawaƙi ya yi wasa a Bunkure shekarar da ruwan kanal ya iso, tana miƙa masa ƙwaryar fura tana dariya. Inna ba ta tsayawa gaban kyamara, rannan ma satar ɗauka ya yi.

Kana ƙarami sa'ad da Yaya ya ajiye fartanya ya bi Alhaji, don haka ba ka ga abin da na gani ba. Shi ke riƙe jaka, shi ke guge riguna, shi ya san irin zumar da ke buɗe masa murya, shi ke tsayawa bakin ƙofa ya ce wane ya shiga wane ya jira. Da Alhaji ya dawo daga Makka ya rataya masa kyamara a wuya, shi ke nan ya ƙara masa wani aikin. Sun je Yamai, sun je Kumasi. Duk hoton da ka taɓa gani a jikin kaset ɗin Alhaji ko a kalanda, idon ɗan'uwanmu ne, amma ko sunansa ba a sa ba. Yana Maraɗi aka binne Baba. Matar Yaya kuma ta gaji da zaman jira ta tafi. Na sha yi masa tsiya cewa da Alhaji aka ɗaura masa aure, sai ya yi murmushi ya ci gaba da goge gilashin kyamararsa.

To ka ji Alhaji ya bar waƙa 'yan shekarun nan, ya ce ya tuba. Kafin ya rasu a azumin da ya wuce, ya kira Yaya gaban 'ya'yansa ya bar masa wasiyya: duk hoton da yake ciki a ƙone shi, har da fim ɗin da ake wanke shi, kada a ci gaba da ganinsa tsakanin makaɗa yana kabari. Allah ya karɓi tubansa, ba na ja da wannan. Amma wallahi raina ya ɓaci. Shi ya yi waƙa ya more, ya tuba ya huta, ya bar wa ɗan'uwanmu ƙone aikin rayuwarsa da hannunsa.

Bayan sadakar arba'in sai ga Yaya da akwatunan ƙarfe cike da hotuna da fina-finansu a amalanke, wai wutata ta ɓuntun shinkafa ta fi ci. Na roƙe shi, na yi faɗa, har na yi kuka. Ya ce bai taɓa ƙin aiken Alhaji ba yana raye, ba zai fara yanzu da ba ya iya tsawata masa ba. Kafin in ankara ya zuba fina-finan duka a ƙarƙashin tukunya, har da na Inna. Warin ya kwana biyu bai bar gidan ba.

Da ya zo kan hotunan sai hannunsa ya tsaya. Ya ce Alhaji kansa ya ce a ƙone, bai ambaci mutanen da ke gefensa ba. Ya ari almakashina ya zauna gindin mangwaro, yana yanke Alhaji yana jefawa a wuta, yana ajiye sauran a kwando. Labari ya bazu, mutane suka riƙa zuwa daga Bunkure da Garun Mallam suna tona kwando, wannan ya ga babansa, waccan ta ga mijinta da ya daɗe da rasuwa. Na ga ƙattin manoma suna share ido da hula.

Na Inna ya bari a ƙarshe. Ka tuna Alhaji ya ɗaga hannu zai karɓi ƙwaryar, hannun babbar rigarsa ya rufe mata gefen fuska, har ƙwaryar da hannayenta duk suna jikinsa. Na ce ya bar shi haka, ai tsumma ne kawai, ba mutum ba. Ya ce hannun rigar ma Alhaji ne. Ya daɗe yana kallon hoton, sannan ya yanka. Tun ranar bai ƙara taɓa kyamara ba. Yana wuni a bakin kanal, abinci sai na tsaya a kansa, ya rame har rigarsa ta yi masa yawa. Don Allah ka kira wayar Hamma ka yi magana da Yaya, ko zai ji taka tunda ya ƙi jin tawa.

Hamma yana gaishe ka, Surayya da Taufiq suna gaida Kawu. Ka gaida mini Ruƙayyatu da kyau, da Musbahu ɗan autanku. Abin da ya rage na Inna yana cikin wannan ambulan, na naɗe shi a ƙyalle, ka buɗe a hankali don bai kai faɗin yatsa biyu ba. Ido ɗaya ne da rabin dariya. Ka nuna wa Uwa, ka ce mata ɗaya gefen ma haka yake, ni na sani.

Taka har kullum,
Yayarka Kubra