Akushi na Shida

Cadawa, daren Laraba, kakar 1961

Allah ya yi wa lakol, makarantar bokon nan, albarka, ta koya wa ɗiyata Rabi yadda ake barin baƙo da yunwa cikin ladabi.

Gobe gayyar girbin gero a gonar Baba. Mutum talatin da biyu ne, kuma shida-shida ake zama wa akushi. Baba, da ya daɗe yana cewa zai cire Rabi daga lakol bana, ya ce, "To ƴar boko, akushi nawa za a zuba?" Ni ne kuwa na tsaya kai da fata aka sa ta.

Ta yi zane a ƙasa, ta ce, "Biyar, saura biyu."

"Su biyun fa?"

"Mushe, malaminmu, ya ce a rubuta su gefe."

Baba ya yi dariya har da tari. "Ku ji! Mutum ya sha rana a gonata, a rubuta shi gefe!"

Na ji kaina kamar dillalin da cinikinsa ke shirin watsewa. Rabi ta ƙura wa zanenta ido, can ta ce, "Tsoho, a zuba shida. Amma kada a bar wa Kawu Idi da surukinsa akushi na ƙarshen, ba su sa hannu akushi ɗaya."

Baba ya shafa gemu. "Ja'ira! Amaryar tawa akwai wayo." Bai sake zancen cirewa ba, har ya ce a ɗinka mata sabon zane na zuwa lakol.

Yarinya dai ta gane saura ma baki gare shi. To su manyan da ke rabon tuwon ƴancin kai a Yamai, a wane gefe suka rubuta Cadawa?