Kalmar da Barashe Yake Faɗa Mini

Lahadi, 6 ga Oktoba, 2024
Likita ya ce in motsa jiki, na shiga gidan ɗaga ƙarfe na bayan layinmu a Aziziyya. Akwai wani tsohon Barashe, Gennadi, wuyansa kamar turmi. Da zan fita ya buga mini kafaɗa ya ce, “Dawo.” Shekara shida a Jidda, ba wanda ya taɓa ce mini haka. Ina ya koyi Hausa?

Laraba, 9 ga Oktoba
Na dawo. Ya sake faɗa.

Asabar, 12 ga Oktoba
Yinin hutu ya ƙare a bincike. Na rubuta “Barashe mai ɗaga ƙarfe da ya zauna a Kano”, ba komai. Na faɗa wani tsohon zauren intanet inda ake ba da labarin Rashawa masu ɗaga ƙarfe kamar na waliyyai: wai a ɗakunan ƙarƙashin ƙasa suka koya, da guntayen ƙarfen titin jirgin ƙasa, wai yanzu sun warwatsu a duniya, kowa da kofinsa a akwati. Ni da na karanta littattafai ɗaki guda, ga abin da nake bi. Na kira ’yata Madina a Kaduna, tana aiki.

Talata, 15 ga Oktoba
Na tambayi Abdulghaffar mai tsaron ƙofa, haifaffen Hindawiyya, unguwar Hausawa, mai kirana ammi, wato baffa. Dariya har da riƙe ciki. “Ya ammi, wace Hausa? Dabai yake cewa. Yallarsu ce, wato ‘mu je’. Kowa yake faɗa wa, wallah har injin sanyi in ya tsaya.”
Na duba. Gaskiyarsa. Har ban kwana suke yi da ita. Wato sallamata yake yi.

Alhamis, 17 ga Oktoba
Ban je ba. Gwiwa.

Litinin, 21 ga Oktoba
Gwiwar lafiya lau take.

Laraba, 23 ga Oktoba
Saƙo daga Abdulghaffar: “Ammi, Barashenka ya dame ni. Kullum sai ya zana tumbi da hannu ya ce, fen ustaz, wato ina malam?” Tumbi! Ashe da shi aka san ni.

Alhamis, 24 ga Oktoba
Na je, don kada a ci gaba da zana ni a bainar jama’a. Gennadi ya matsar da jakarsa daga benci. Muka zauna muna haki, ba yaren da ya haɗa mu.
Gobe bayan Juma’a zan biya Hindawiyya in sayi tsire. Ƙulli biyu. Ɗayan kada a sa yaji da yawa.